Buɗaɗɗiyar Wasiƙa Zuwa ga MOPPAN da Masu Kyamara a Kannywood: Akwai Mawaƙan da Ba Ku Taɓa Miƙa wa Makirufo Ba

Assalamu alaikum wa rahmatullah.

Shugabanni da dattawan ƙungiyar masu shirya fina-finai ta MOPPAN, furodusoshi da daraktoci, masu ɗaukar hoto, da masu situdiyon waƙa na Kano da Kaduna da Jos da Sakkwato, har zuwa Maraɗi da Damagaram, ina gaishe ku da aiki. Allah ya ƙara buɗi. Ni ba ɗan fim ba ne, ɗan kallo ne, tun zamanin kaset ɗin bidiyo har zuwa yau da komai ya koma YouTube. Na rubuto ne in ba ku labarin wani mutum da matarsa waɗanda ba Hausawa ba ne, ba su kuma taɓa yin fim irin naku ba, sannan in roƙe ku wani abu guda.

Sunan mutumin Ian Brennan, Ba'amurke ne, haifaffen Oakland a jihar Kalifoniya a 1966. Matarsa Marilena Umuhoza Delli, uba ɗan Italiya, uwa 'yar Ruwanda, mai ɗaukar hoto ce kuma mai shirya fim ɗin gaskiya, wato irin fim ɗin da ba a tsara labari ba a ba ɗan wasa rubutu, mutane ne na ainihi a cikin rayuwarsu ta ainihi. Shi yana riƙe da na'urar ɗaukar murya, ita tana riƙe da kyamara. Da haka suka zagaya ƙasashe da dama, suka fitar da fayafayai gommai, kuma kusan duk waɗanda suka ɗauka mutane ne da ko a garinsu ba a kiran su mawaƙa: fursunoni, zabiyoyi, tsofaffin da aka yi wa ƙazafin maita, masu talla a bakin titi.

Brennan da kansa mawaƙi ne, mai jita. Ya fitar da fayafayansa tun yana saurayi, ba su kai shi ko'ina ba. Abin da ya ci da shi wani aiki ne daban: ya shafe shekaru fiye da goma yana aiki a sashen masu taɓin hankali, har da ɗakin gaggawa, inda ake kawo mutum cikin dare yana fizge-fizge, kuma aikinka shi ne ka kwantar da shi da baki kafin a kai ga igiya ko allura. Daga nan ya zama mai koyar da dabarun kashe wutar rigima tun ba ta kama ba. A gida kuma ya tashi tare da yayarsa wadda aka haifa da lalurar da likitoci ke kira Down, mai magana da ƙyar amma mai son waƙa. Ina ganin nan ne asalin kunnensa. Wanda ya girma yana sauraron mutumin da sauran jama'a ke gajiya da sauraronsa, kuma ya ci abinci da sana'ar yin shiru har mai ihu ya gama, ba zai saurari waƙa yadda ni da ku muke saurara ba. A shekarun 1990 ma, maimakon ya nemi babban dandali, wani gidan wanki na injina ya samu a San Francisco, yana tara mawaƙan da ba a sani ba duk mako suna waƙa kyauta, yana ɗauka.

Tafiyarsu ta fara ne a 2009, lokacin da suka raka mahaifiyar Marilena Ruwanda. A can suka gamu da wasu manoma uku da suka tsira daga kisan ƙare dangi na 1994, masu kiran kansu The Good Ones, suka ɗauki waƙoƙinsu a zama ɗaya a tsakar gida. Bayan shekara guda Brennan ya shiga hamadar kudu maso gabashin Aljeriya, kusa da Djanet, ya yi aikin faifan Tassili tare da ƙungiyar mawaƙan Buzaye mai suna Tinariwen, faifan da ya ci Grammy, babbar kyautar waƙa ta Amurka, a 2012. A nan ne nake ganin halin mutumin ya fito. Wanda ya ci Grammy, manyan mawaƙa ne ke neman sa. Shi kuwa sai ga shi a bakin wata hanya a Malawi, wurin wasu samari masu sayar da gasasshen ɓera a tsinke ga matafiya, waɗanda in ciniki ya yi sanyi sukan ɗauko jitar da suka harhaɗa da tarkacen ƙarfe su yi waƙoƙin coci. Faifansu ya fito a 2012 da sunan Malawi Mouse Boys, cikin harshen Chichewa, kuma daga baya har Ingila suka je suka yi wasa.

Amma aikin da ya sa na ɗauki alƙalami shi ne na kurkukun Zomba.

Zomba babban kurkuku ne mai tsananin tsaro a Malawi, ginin zamanin Turawan mulki, an yi shi don mutum 340, amma lokacin da su Brennan suka shiga a watan Agustan 2013 akwai fiye da 2,000 a ciki. Ba da takardar wani minista suka shiga ba. Ciniki aka yi: shi zai koyar da fursunoni da gandirobobi dabarun kauce wa rigima, su kuma a bar su su ɗauki waƙa. A ɓangaren maza sun tarar da ƙungiyar kiɗa a tsaye, da jita da ganguna da ɗakin gwaji, har da gandirobobi a cikinta. A ɓangaren mata, waɗanda 'yan ƙalilan ne, babu komai sai bokitai da ganga. Matan suna rawa, suna waƙoƙin gargajiya na taro, amma da aka tambaye su ko akwai mai waƙar kanta, wadda ita ta ƙirƙira, sai suka ce babu, su ba mawaƙa ba ne. Nan ne inda yawancinmu za mu naɗe waya mu koma wurin maza, tunda can ne kayan kiɗa suke. Su ba su tafi ba. Suka zauna, suka yi ta jira, har mace ɗaya ta miƙe ta matso gaban makirufo ta rera wani abu nata. Daga nan sai layi. Wasu waƙoƙin ba su kai minti ɗaya ba, baiti ne guda mace ta daɗe tana maimaita wa kanta a zuci. Da faifan ya fito a farkon 2015, mai waƙoƙi 20, fiye da rabinsu na matan nan ne da suka ce ba su iya ba.

A ƙarshen shekarar aka sanya faifan cikin jerin masu takarar Grammy, karo na farko da wani aiki daga Malawi ya kai wannan matsayi. Angélique Kidjo ta Jamhuriyar Benin ce ta ci a watan Fabrairun 2016, kuma ko da su ne suka ci, babu ɗaya daga cikin mawaƙan da zai iya zuwa karɓa, suna kulle. Abin da ya fi kofin amfani shi ne kuɗin da aka samu an sa wani ɓangare wajen ɗaukar lauyoyi, aka sake duba shari'un wasu, har wasu matan suka fita. A cikin matan Zomba akwai waɗanda abin da ya kai su bai wuce zargin maita ba, ko faɗan da aka tare su da shi suka kare kansu.

Bayan Zomba sun tafi tsibirin Ukerewe a tafkin Victoria, ƙasar Tanzaniya, inda zabiyoyi da yawa ke zaune saboda a wasu sassan ƙasar ana farautarsu, ana yanke gaɓoɓinsu don tsafi. Da yawansu ba su taɓa riƙe abin kiɗa ba, wasu ko a coci ba a so a ji muryarsu. Faifansu ya fito a 2017. Sai arewacin Ghana, inda har yau akwai sansanonin da tsofaffin mata ke gudun hijira idan an ce su mayu ne, irin na Gambaga da Kukuo da Gnani. 'Yan uwanmu na zangon Tamale da Yendi sun san wuraren nan sarai, sun kuma tuna yadda aka kashe wata tsohuwa mai shekara 90 da duka a Kafaba a 2020 a gaban jama'a. Faifan da aka ɗauka a sansanonin ya fito a 2021, cikin harsunan Mampruli da Dagbani, babu sunan mawaƙiya ko ɗaya a jikinsa domin su suka nemi a ɓoye. Kayan kiɗan kuwa ɓawon masara ne, da gwangwani, da butar shayi. Kuma don kada a ce Afirka kawai yake bi saboda talaucinmu na sayuwa, ya koma ƙasarsu ya shiga kurkukun Parchman a jihar Mississippi, ya ɗauki waƙoƙin ibadar fursunoni, aka fitar a 2023.

Dabarar aikin ba ta da wani sirri. A waje ake ɗauka, da na'ura mai batir. Ba a ɗora wani kiɗa daga baya, ba a gyara murya. In zakara ya yi cara ko yaro ya yi kuka, ya shiga ke nan. In muryar tsohuwa ta karye a tsakiyar baiti, a haka za a bar ta, don sau da yawa karyewar ita ce waƙar.

To, kada ku ɗauka waliyyi na kawo muku. Ina da ƙorafi a kan irin wannan aiki, kuma ƙorafin ne ma ya fi shafar ku. Na farko, yardar ɗan fursuna yarda ce mai rauni. Mutumin da ba shi da ikon cewa a'a ga gandiroba, yaya za a tabbatar da e ɗinsa ga baƙon da gandiroban ya shigo da shi? Na biyu, su waye ke sayen fayafayan nan? Mutanen Landan da Berlin da New York ne, waɗanda ba sa jin ko kalma ɗaya ta Chichewa ko Mampruli. Abin da suke samu shi ne taken waƙar da aka rubuta musu da Turanci a bayan faifai, da hoton fuska mai ban tausayi, da amon murya. Ina tsoron da yawansu labarin suke saya ba waƙar ba, su ji zuciyarsu ta yi laushi na minti arba'in, su koma harkarsu. Shi kansa Brennan ba ya jin harsunan nan, da tafinta yake aiki, kunnensa amon yake bi. Ba zai san inda mawaƙiya ta yi habaici ba, ko inda ta juya wani karin magana ta soki dangin mijinta, ko inda ta sa dariya a tsakiyar kuka. Na uku, baƙo raɓa ne. Ya yi kwanakinsa ya tafi, kuma faifan da ya zagaya duniya da wuya a ji shi a rediyon garin da aka ɗauke shi.

Duk waɗannan giɓin guda uku, ku ba ku da su. Kuna jin harshen har ƙasansa. Masu sauraronku su ne maƙwabtan waɗanda za ku ɗauka, su ne dangin da suka kore su, su ne masu wucewa ta gabansu kullum. Kuma ba inda za ku je, gobe ma kuna nan, wanda kuka zalunta ya san ƙofar ofishinku. Abin da Brennan ke yi da rabin kayan aiki, ku kuna da cikakkensa, amma ba ku yi.

Kada wani ya ce ai mu ba mu da irin waɗannan mawaƙa. A 2002 wani likitan mata Ba'amurke, Lewis Wall, wanda ya zauna a ƙasar Hausa ya koyi harshen, ya buga wata maƙala a mujallar likitoci a kan waƙar da mata masu yoyon fitsari ke yi a Arewacin Najeriya, mai suna Fitsari Ɗan Duniya. Ku duba wannan suna da kyau. Matan da aka saki, aka ware musu kwano da tabarma, suka taru a asibiti suna jiran aiki, sai suka ɗauki salon kirarin da ake yi wa sarakuna suka yi wa ciwon da ya raba su da kowa. Wane marubucin waƙar fim ne zai zauna a situdiyo ya ƙirƙiro wannan? Amma sai a mujallar likitocin Amurka za ka same ta, da Turanci. Asibitin masu yoyon fitsari na Babbar Ruga yana nan a Katsina, bai kai tafiyar yini daga Kano ba.

A 2011 an yi fim a Kano mai suna Duniya Juyi Juyi. Almajirai tara ne suka tsara labarin, suka fito a ciki, suka riƙe kyamara da kansu, suka nuna yadda matan gida ke aikensu da yadda ake kallonsu a titi. Wadda ta haɗa su Bajamushiya ce mai bincike, Hannah Hoechner, da tallafin cibiyar Goethe. An samu 'yan masana'antarku da suka koya wa yaran aiki, Allah ya saka musu, amma tunanin daga waje ya zo, kuma da baƙuwar ta tafi ban ga an ɗora ba. Haka Mdou Moctar, Ba'abzinen Nijar da yanzu ke cika dandali a Amurka da Turai: faifansa na farko a Sakkwato aka ɗauke shi a 2008, a situdiyo irin naku, da salon murya irin na waƙoƙinku. Sai da wani Ba'amurke, Christopher Kirkley, ya tsinci waƙarsa a katin wayar mutane a arewacin Mali, ya bi sawu har ya same shi. Shi dai wannan Kirkley ɗin ne ya zo Kano ya tattara waƙoƙin fina-finanku ya buga su a faifan garmaho a 2013. Ba na jin haushin ko ɗaya daga cikin baƙin nan. Abin da ke damuna shi ne yadda kullum sai sun nuna da yatsa muke waiwayawa.

Ku fita ranar Juma'a ku tsaya a bakin kowace babbar tasha. Za ku ga makaho da ɗan jagoransa, hannunsa ɗaya a kafaɗar yaron, ɗayan riƙe da sanda da ƙoƙo. Ku lura da yadda yake aiki. Ba ya fara waƙa sai ya ji injin mota ya mutu. Yakan jefa baiti, yaron ya amsa, kuma amshin ba ya canzawa, shi ne ke riƙe da awon waƙar kamar yadda kalangu ke yi wa wani. In ya ji muryar mata ta fi yawa a motar sai ya karkata zuwa haƙƙin uwa da zafin naƙuda. In ya ji 'yan kasuwa ne sai ya shiga mutuwa da kabari da abin da mutum zai tarar. In aka jefa kuɗi ba ya yanke baitin, sai ya saƙa addu'ar a cikinsa ya wuce. Wannan mutumin yana karanta masu sauraronsa ba tare da ya gan su ba, yana gyara waƙarsa nan take, abin da mawaƙanku da yawa ba za su iya ba sai an ba su takarda da kwana uku. Wani ɓangare na abin da yake rerawa Imfiraji ne na Aliyu Namangi, makahon Zariya da ya rasu a 1990, wanda yau ake nazarin waƙarsa a jami'o'i. Amma wani ɓangaren nasa ne, shi ya ƙirƙira, kuma ranar da ya mutu ya tafi da shi. Muna da sarakunan makafi a garuruwanmu, da fadawansu da tsarinsu. Wa ya taɓa zuwa ya gaishe su ya ce yana son ya ɗauki manyan mawaƙansu, ba don neman taimako ba, don gwanintarsu?

Gadon ma muna da shi. Ɗan Maraya Jos, Allah ya jiƙansa, ya rasu a 2015, da kuntiginsa mai tsirkiya ɗaya ya yi wa karen mota waƙa a lokacin da manyan makaɗa ke bin fada da masu kuɗi. Barmani Choge ta ɗauki kiɗan ƙwarya na matan kulle ta fito da shi fili. Ba daga Kalifoniya za mu koyi cewa talaka abin waƙa ne ba. Abin da ya rage mu koya shi ne mataki na gaba, wato a bar karen motar ya yi waƙarsa da bakinsa.

Yanzu ku dubi inda mutanen nan suke a fina-finanku, ku gafarce ni in na faɗa da zafi. Mahaukaci abin dariya ne, da tsumma da gwangwani a wuya, yara na binsa. Makaho ko gurgu yana fitowa ne don jarumi ya ba shi sadaka mu gane jarumin mutumin kirki ne. Kurkuku wuri ne da ake kai mugu a minti biyar na ƙarshe. Mayya kuwa mayya ce, fim ɗin ma ya tabbatar, alhali a ƙauyukanmu ana dukan tsofaffi na gaske a kan wannan zargi. A gefe guda kuma ga sabon salon da ya cika Facebook da TikTok, inda ake kafa wa marar lafiya waya a fuska, a buɗe ciwonsa, a sa shi kuka, a rubuta lambar asusu a ƙasa. Ban ce ba a taimaka wa wasu ta haka ba, ana taimakawa. Amma a duka biyun, mutumin kayan aiki ne. Ba a taɓa tambayarsa me ya iya ba, sai me ya same shi.

Kuma ina roƙon masu situdiyo musamman. Na san abin da zai faru in aka kawo muku wannan makahon. Za a sa shi a ɗaki mai soso a bango, a rufe masa kunne da abin saurare, a raba shi da yaron da ke masa amshi. Za a buga masa fiyano a kan awon da kwamfuta ta yarda da shi, shi kuwa awonsa numfashinsa ne. Sannan a bi muryar da na'urar gyara har ta yi santsi ta koma irin ta kowa. In an gama, sai a ce ai bai iya ba. Ku bar kwamfutar a gida. Ku je inda yake waƙar, a lokacin da yake yin ta.

Na san amsoshin da za ku ba ni, don na sha jin su. Za ku ce kasuwa. Gaskiya ne tun da kasuwar faifan CD ta mutu kowa lissafin masu kallo a YouTube yake yi, kuma ba wanda zai bar shiri mai dogon zango ya tafi Babbar Ruga. Ban ce ku bari ba. Amma aikin da nake magana a kai bai kai kuɗin ɗaukar rawa ɗaya a fim ba: mutum biyu ne, da makirufo mai kyau, da kyamara ɗaya, da haƙuri. Kuma ban yarda ba za a kalla ba. Jama'ar da ke tsayawa cak a tasha don sauraron makaho, su ne dai masu wayar.

Za ku ce hukumar tace fina-finai da malamai. A nan ma ina ganin aikin ya fi naku na kullum sauƙi, domin yawancin abin da za ku tarar babu rawa, babu cakuɗa, sau da yawa babu ma kiɗa. Bege ne, da wa'azi, da kukan zuci.

Amsar da ta fi nauyi ita ce ta kurkuku. Wani zai ce, wanda ya kashe ɗan mutane, shi za a ba makirufo uwar mamacin tana ji? Wannan tambaya ce ta gaskiya, kuma a Zomba ma akwai masu kisan kai a cikin mawaƙan. Ba ni da amsar da za ta share hawayen wannan uwa, kuma in aka zo ga irin wannan mutum, ni ina ganin a nemi jin ta bakin dangin mamacin tukuna. Sai dai ku tuna cewa kusan biyu cikin uku na mutanen da ke tsare a gidajen yarin Najeriya ba a yanke musu hukunci ba, jiran shari'a suke, wasu shekara da shekaru. Ba a tabbatar sun yi komai ba. Tun 2019 doka ta canza wa hukumar suna zuwa ta gyaran hali. In har gyaran ake nufi, to ƙungiya mai rajista kamar taku tana da bakin da za ta nemi izini, fiye da yadda wani baƙo da matarsa suka samu a Malawi.

Ga roƙona. Ku zaɓi wuri ɗaya, ba goma ba. Ni da za a bi tawa, da kurkukun Kurmawa za a fara, wanda ke tsakiyar birnin Kano tun 1910, tunda har an fara maganar kwashe mutanen ciki a mayar da ginin gidan tarihi. In hakan ta tabbata, za a adana bango da ƙofofi da sarƙoƙi, amma abin da aka rera a cikin ɗakunan nan fiye da shekara ɗari ba wanda ya ɗauka. Ku tura mutum biyu masu haƙuri, ɗaya mace, don ɓangaren mata ba zai buɗe wa namiji baki ba. Ku shiga da wani abin da za ku bayar, kamar yadda Brennan ya shiga da darasinsa, ko koyar da ɗaukar hoto ne, ko lauya.

Sharuɗɗan kuma a rubuta su tun kafin a kunna na'ura. A yi wa kowa bayani da Hausa, ba gandiroba a tsaye a kansa, kuma a gaya masa yana iya janyewa ko bayan an ɗauka. Wanda ya so a sa sunansa a sa, a matsayin mai waƙar ba wanda aka taimaka wa ba. Wanda ya so a ɓoye fuskarsa a ɓoye. Kason kuɗinsa a faɗe shi da adadi, a san hannun da zai karɓa, ko nasa ko na iyalinsa. Kada a canza wa waƙa suna don ta fi ban tausayi. Kuma kafin kowa a duniya ya gani, a koma ciki a nuna musu, in akwai abin da suka ce a cire, a cire.

Idan kwamitinku na gaba zai zauna, ina roƙon a karanta wannan takarda a cikin ajanda, ko da a ƙarshe ne bayan an gama maganar rajista da kuɗin ƙungiya. In an samu mutum biyu da suka ce za su je, su fara da gaishe da shugaban gidan yarin da Sarkin Makafi, zuwa da kai ya fi aike.

Allah ya ƙara muku basira, ya sa ku gama lafiya.

Naku,
Wani mai kallon fina-finanku.